Yadda ake kama ƙwallon da aka riga aka ci a wasan bidiyo

A 2013 kamfanin Sony ya fitar da PlayStation 4 da wani sabon maɓalli mai suna Share. Na'urar tana naɗar wasa a kowane lokaci, tana riƙe mintuna 15 na ƙarshe, don haka ko ƙwallo ta riga ta shiga raga, mutum na iya danna maɓallin ya adana bidiyon. Nintendo Switch kuwa daƙiƙa 30 kacal take riƙewa.

Sai dai hoton alƙaluman ƙarshen wasa ya fi bidiyo sauƙin turawa a WhatsApp, tunda bai cika cin data ba. Wanda aka lallasa ma yakan riga kowa tura shi, don a ga shi ya fi riƙe ƙwallo da kai hari.