Wake da Nama da Yaji Irin na Gidan Abinci

Yau hirarmu ta cikin madafa ce. Kada maza su ce zancen mata ne su tashi. Ku zauna, akwai naku a ciki.

Duk wanda ya taɓa sauka tashar Birnin Ƙonni ya san abin da zan faɗa. Motocin Yamai, da na Maraɗi, da na Tawa, da masu fitowa Sakkwato, duk nan suke haɗuwa. Ko'ina ka duba, ga masu abinci da manyan tukwane. Magidanci ya kawo kayansa kasuwa ya sayar. Ya zauna kan benci, an zuba masa wake da nama cikin jan romo mai kauri. Ya ci, ya lashe hannu. Da ya koma gida sai ya ce wa uwargida, don me naki ba ya yin haka?

To, waken nan namu ne. Bayan Nijeriya, babu ƙasar da ta kai Nijar noman irin wannan wake a duniya. Albasar ma tamu ce, ta Galmi, wadda ake loda wa manyan motoci har Gana da Kodibuwa. Shanun kuma ga su nan a kasuwar Badagishiri da ta Gidan Idar. Ba abin da mai abincin tasha take sa wa tukunyarta wanda babu shi a kasuwarku. Abin da ta fi mu shi ne, ta san abin da ake fara sawa, ta san abin da ke biye, kuma ba ta gaggawa.

Ba mu kaɗai ke cin wannan abinci ba. Can Amurka, a jihar Tekzas, kusa da iyakar Meziko, suna da nasu. Suna ce masa "cili kon karne", wato barkono da nama da harshen Sifaniyanci. A wajen 1880 mata sun riƙa sayar da shi a dandalin garin San Antoniyo, kamar yadda namu ke yi a tasha. Wasunsu na sa wake, wasu kuwa sun ce sam, wake bai shiga. Barkono da tumatir daga wancan yanki na duniya suka zo mana. Waken da muke nomawa kuwa ɗan Afirka ne tun asali.

Yanzu ku ɗauko alli da allo, ko fensir da littafi. Ga kayan da za su ishi gida mai mutum 10, in za a ci da shinkafa ko burodi. Wake rabin tiya. Naman sa rabin kilo. Albasa manya 4. Tumatir 6, in babu ɗanye a sa kauɗa cikin hannu ɗaya. Tattasai 5. Tugande 2. Tafarnuwa kai 1. Man gyaɗa ƙaramin kofin shayi 3. Sai gishiri, da daddawa, da citta, da masoro, da ɗan kanumfari. Ku rubuta lambobin da kyau. Wanda ya rubuta 5 a wurin 2 a layin tugande, iyalinsa za su gaya masa.

Mu fara da wake. A tsince shi, a fid da tsakuwa da wanda ƙwari suka huda. Ku sansana shi. In kun ji warin magani, kada ku dafa, kada ku ba dabba. Wasu na zuba maganin ƙwari cikin buhun wake don ajiya, wannan kuwa yana iya kwantar da gida duka, yana iya kisa. Tun wajen 2008 aka fara kawo mana buhu mai ciki uku, wanda ake ce wa PICS. In an ɗaure shi da kyau iska ba ta shiga, ƙwarin sai su mutu ba tare da magani ba. Mai ajiyar wake ya nemi malamin gona ya nuna masa yadda ake ɗaurin.

A wanke waken, a jiƙa shi tun da dare in da safe za a dafa. In abincin dare ne, a jiƙa tun da hantsi. Ruwan jiƙon a zubar, a sa sabo. Jiƙon nan yana da amfani biyu. Waken zai nuna da wuri, itace ya ragu. Kumburin cikin da wake ke sawa shi ma zai ragu.

Na san abin da za ku ce: ai ga kanwa. Gaskiya ne, kanwa na sa wake ya yi laushi maza-maza. Amma tana kashe wani sinadari mai amfani da ke cikin waken, wanda likitoci ke kira bitamin B1, mai taimakon jijiyoyi da ƙarfin jiki. Tana kuma sa romo ya yi duhu, ɗanɗanon ya canza. In wake tsoho ne ya ƙi nuna, a sa ƴar kaɗan, kamar ƙwayar waken kanta. In sabo ne kuma an jiƙa shi, ba ya bukata.

A ɗora waken shi kaɗai a tukunyarsa. Ku lura da wannan ƙwarai, shi kaɗai. Kada a sa masa tumatir yanzu, domin tsamin tumatir na hana wake nuna. Na taɓa yin wannan kuskure. Na zuba komai lokaci ɗaya don sauri, na ƙona itacen kwana biyu, waken yana nan kamar tsakuwa. A bar shi ya dahu har in an matsa ƙwaya ɗaya da yatsa ta murƙushe, amma bai farfashe ba. Sai a sauke. Ruwan da ya rage a cikinsa kada a zubar, za mu neme shi.

Wani lokaci akan ga wani babban jan wake na ƙasashen waje a kanti. Shi Amurkawa suka fi sawa. Wanda ya saye shi ya sani, ba a cinsa sai ya tafasa sosai, yana ɓararraka, minti 10 ko fiye, sannan a rage wuta ya ƙarasa. In bai tafasa haka ba yana sa amai da zawo.

Sai nama. Nan ne mutane da yawa ke ɓarnar kuɗi. Ba sai tsoka zalla ba. Ku ce wa mahauci ya ba ku na wuya, ko na ƙirji, ko na ƙauri. Naman nan yana da jijiya, yana da tauri, amma in ya daɗe kan wuta jijiyar narkewa take yi, ita ce ke ba romo kauri da maiƙo. Ku sayi nama da safe, wanda aka yanka ranar, mai hatimin malamin dabbobi in garinku ana bugawa.

A yanka shi ƙanana ƙanana, kamar girman waken ko ya ɗan fi. Inda akwai injin niƙa nama, a niƙa. Ga dalili. Rabin kilo in an yanka shi manya, yanka nawa zai yi? Kun san kuma kwanon da manyan yankan ke tafiya. Maigida ya samu, baƙo ya samu, yara su lashi romo. In kuwa an yi shi ƙanana ya bi cikin wake, duk ludayin da aka ɗebo akwai nama a ciki. Na goye ya samu, mai ciki ta samu, tsohuwa marar haƙori ta samu. Ni a ganina wannan shi ne babban alherin abincin nan.

Yanzu mun zo inda mai abincin tasha ta fi mu. A ɗora tukunya ta biyu, a zuba mai ya yi zafi sosai. A tsane naman, kada ya shiga da ruwa. A zuba rabinsa kawai. Kada a juya nan da nan. A bar shi ya soyu har gefen da ke ƙasa ya yi ja, sannan a juya. In ya yi, a kwashe, a zuba sauran. Wanda ya zuba duka lokaci ɗaya, naman zai fid da ruwa, ya koma dafuwa maimakon suya, ƙanshin nan ba zai fito ba.

Za ku ga wani abu ja-ja ya kama gindin tukunya. Ba ƙonewa ba ne, muddin bai yi baƙi ba. Daɗin yana nan. A zuba albasa 3 da aka yanka, a rage wuta, a yi ta juyawa. Ruwan albasar zai ɗago abin da ya kama. A ba albasa lokacinta, kamar minti 15, har ta yi laushi ta yi ja, ta fara zaƙi. Uwargida, nan ne haƙurinki zai yi aiki. Albasar da ba ta soyu ba, ko dunƙulen magi nawa aka jefa ba zai rufe ta ba.

Kafin nan an riga an jajjaga tumatir da tattasai da tafarnuwa a turmi. In busasshen tattasai ne irin na Difa, ko kauɗa, a wanke, a jiƙa da ruwan zafi su yi laushi kafin a daka. Tattasai shi ke ba da ja da ƙanshi, ba shi da zafi sosai. Tugande da tonka su ke da zafi, don haka a ajiye su gefe tukuna. A fara zuba dakakkiyar citta da masoro da kanumfari cikin man, a juya kaɗan, ƙanshi ya tashi. Sai a zuba jajjagen da daddawa. A soya har ruwan ya ƙone, tsamin ya tafi, mai ya taso sama. Wannan ita ce alama. In mai bai taso ba, da saura.

To, a mai da naman. A zuba ruwan waken nan da muka ajiye, a ƙara ruwa har ya rufe naman. A sa gishiri. A rufe tukunya, a janye itace, a bar wuta kaɗan. Tukunyar ta riƙa motsi a hankali, kamar awa ɗaya, har nama ya yi laushi. Mai murhun ƙarfe irin Mai Sauƙi, ko murhun laka mai kare iska, zai ga itace ƙwaya biyu sun ishe shi. Sannan a juye waken a ciki, su dahu tare rabin awa.

Ga dabara ta ƙarshe, wadda wata mai abinci a Tsarnawa ta nuna mini. A ɗebi wake ludayi biyu daga tukunya, a murƙushe shi da muciya ko bayan ludayi, a mayar. Nan take romon zai haɗe ya yi kauri. Ba sai an ƙara mai ba.

Kafin a sa tugande, a ɗebe na yara a kwano daban. Yaron da ya wuce wata 6 yana iya cin wannan in an murƙushe masa sosai, a kan nonon uwa da yake sha. Wake abinci ne mai gina jiki. Kusan kashi ɗaya cikin huɗu na busasshen wake abin gina jiki ne, kuma yana da sinadarin ƙarfe mai ƙara jini. Ɗan naman da ke ciki yana taimaka wa jiki ya ɗauki wannan ƙarfe. Shayi kuwa yana rage ɗaukarsa. Masu shayi, ku ɗan jinkirta, kada a sauke kwano a ɗora buta, musamman mai ciki da mai jego.

Bayan an ɗebe na yara, a jajjaga tugande a zuba, a bar shi minti 10. A sauke, a bar tukunya a rufe ta ɗan huta. Albasa ɗayar da ta rage a wanke, a yanka ɗanya a watsa a kai. Ana ci da shinkafa, ko burodi, ko garin rogo, ko haka nan da cokali.

Abincin nan yakan fi daɗi in ya ɗan jima, amma ku tuna da zafin ƙasarmu. Wake da nama ba sa jure rana. Abin da ya rage da dare a tafasa shi, a rufe, kada a ƙara sa hannu ko cokalin da aka lasa. Da safe a sake tafasawa sosai kafin a ci. In ya yi kumfa, ko tsami, ko yauƙi, a zubar, kada a ce yara su ƙarasa.

Ga aikin gida. Ranar kasuwa, kowa ya rubuta kuɗin da ya biya wa kowane kaya: wake, nama, albasa, mai, da sauransu. Ku tuna dala ɗaya faran 5 ce, dala 200 kuma ita ce faran 1000. Ku tara kuɗin duka, ku raba da yawan mutanen da suka ci. Sannan ku rubuta kuɗin kwano ɗaya na tasha a gefensa. Maigida, wannan lissafin naka ne, kai za ka yi shi. Ku kawo littattafanku aji mu duba tare.

Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Ku huta lafiya.