Dakoro: Wa ke samun diyya idan aikin gwamnati ya ci gona?

Bututun man da ya tashi daga Agadem zuwa gaɓar tekun Benin, mai tsawon kusan kilomita 2,000, ya ratsa gonakin jihar Maradi kafin a ƙaddamar da shi a watan Nuwamban 2023. Hanyar mota, layin lantarki, makaranta ko asibiti, kowannensu fili yake ci. A gundumar Dakoro, inda gona da makiyaya suke kafaɗa da kafaɗa, lissafin diyya ya fi na sauran wurare sarƙaƙiya.

A takarda, dokar Nijar ba ta bar mai gona a baya ba. Dokar 24 ga Nuwamban 1961, wadda aka yi wa gyara a watan Yulin 2008, ta ce ba a karɓar fili sai don amfanin jama'a, kuma sai an fara biyan diyya ta adalci. Ana soma bincike a ƙirga mutane da dukiyarsu, sannan kwamitin sasantawa ƙarƙashin shugaban gunduma ya zauna da masu fili. In an kasa daidaitawa, magana ta koma hannun alƙali.

Gyaran 2008 ya ma fayyace ma'auni. An fi son a ba manomi wata gona a madadin tasa, kuɗi sai in fili ya gagara. Amfanin gona kuwa ana ƙiyasta shi da farashin kasuwa na lokacin da rumbuna suka yi ƙasa, wato tsakiyar damina. Duk wanda ya taɓa sayen tiyar hatsi a kasuwar Dakoro ko Sabon Machi a watan Agusta ya san tazarar da ke tsakanin wannan farashi da na kaka. Itatuwa ma suna da nasu lissafi gwargwadon iri da abin da suke bayarwa, don haka gawo da aduwar da manomi ya raina ta hanyar sassaben zamani bai kamata a wuce su ba a ƙirga ba.

Inda gizo ke saƙa shi ne ranar ƙidaya. Da an rufe rajista, shigar da suna sai da wahala. A nan ne abin ya shafi ƴan bida kai tsaye. Saurayin da ke Kano, Agadas ko Libiya ya bar gonar gado a hannun ƙanensa, ko ya ba da ita aro, ko jingina. Masu ƙidaya wanda suka tarar a gona shi suke gani, kuma in babu mai magana da yawun wanda ba ya nan, sunan wani ne zai hau takarda. Daga nan rigimar ta tashi daga tsakanin talaka da gwamnati ta dawo tsakar gida.

Kundin dokokin karkara na 2 ga Maris 1993 ya ɗauki mallakar gargajiya daidai da ta rubuce. Amma sai an tabbatar da ita, kuma aikin hukumomin filaye ke nan, waɗanda aka fi sani da COFO, daga matakin gari zuwa na gunduma. Su ke ba da takardar shaidar gonar gado, ta saye, ta kyauta, ta aro da ta jingina. Abin takaici, da yawa ba sa nemanta sai sun hangi motar masu awo.

Akwai kuma abin da ya keɓanta da Dakoro. Wata dokar Mayun 1961 ta shata iyakar da noma bai kamata ya wuce ba ta arewa, kuma a wannan yanki kwarin Tarka ne ake ɗauka a matsayin layin. Abin da ke arewa da shi ƙasar kiwo ce a hannun gwamnati, kuma dokar kiwo ta 2010 ta sake jaddada hakan. Sai dai ƙaruwar jama'a da fari sun daɗe da tura manoma haye layin. Mutum zai iya shekara talatin yana noma wuri, ranar biyan diyya a ce masa ƙasar ba tasa ba ce.

Makiyayi ma nasa ciwon daban. Doka ta amince Bafulatani ko Buzu yana da haƙƙin fifiko a mazauninsa na asali, kuma ba a raba shi da shi sai da diyya. To amma nawa ne kuɗin ciyawar da ba a shuka ba, ko burtalin da aka datse tsakanin garke da rijiya? Abin da dokar ta tanada shi ne a ƙiyasta asarar ta hanyar fahimtar juna, wanda a aikace yana nufin wanda aka gayyata zaman shi ke da baki.

Ga wanda ke nesa, takardar COFO ta gari ita ce mafi sauƙin samu: maigari ne ke sa hannu, a gaban shaidu da maƙwabtan gona. In an ba da aro ko jingina, ita ma a rubuta, da sunan mai gona da na wanda ke nomawa.