Satar fasaha: Darasin masu ƙera wasannin gem ga Kannywood da mahukunta

Da la'asar ta yi sanyi a Mubi, garin kasuwancin nan na Jihar Adamawa da ke dab da iyakar Kamaru, shagunan gem kan cika da samari masu kece raini a wasan ƙwallo na PlayStation. A gefe guda kuma ga masu turi, suna zuba wa jama'a fina-finai da waƙoƙi da wasanni a waya kan kuɗi ƙalilan. Kowa na samun na cefane, in ban da wanda ya ƙirƙiri hajar. Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi.

Arewa ta san zafin wannan ciwo. Kasuwar Ƙofar Wambai a Kano ta taɓa zama cibiyar dillancin fina-finan Hausa, har masu kwafar faifai suka kassara ta, zuwan wayar zamani da memori kuma ya ƙarasa abin da ya rage. Kamfanonin wasannin gem na duniya sun riga mu shan wannan gwagwarmaya, kuma hanyoyi uku suka bi.

Ta farko ita ce kulle. Tun 2014 manyan kamfanoni ke amfani da manhajar Denuvo ta ƙasar Austiriya don hana kwafar wasanninsu. Takan kare cinikin makonnin farko, amma sau da yawa masu kutse na fasa ta, waɗanda suka biya kuɗinsu kuma na kukan cewa tana sa wasan nauyi.

Ta biyu ita ce kunyata ɓarawo. A 2013 ƙaramin kamfanin Greenheart Games na Ostireliya ya fitar da Game Dev Tycoon, wasan da mutum ke tafiyar da kamfanin ƙera gem. Su da kansu suka saki kwafin bogi a shafukan sata, suka dasa masa tarko: duk wanda ya ɗauka, zai yi ta aiki har masu satar fasaha su durƙusar da kamfaninsa a cikin wasan. A ranar farko, sama da kashi 93 cikin 100 na masu bugawa kwafin satar suke riƙe da shi. Wasunsu har suka fito intanet suna neman dabarar maganin ɓarayi.

Ta uku, wadda ta fi ɗorewa, ita ce sauƙaƙa wa mai saye. Kamfanin Valve ya buɗe kasuwar Steam a 2003, inda ake saye a sauke nan take. Shugabansa Gabe Newell ya yi fice da ra'ayin cewa rashin kyakkyawar hidima ne tushen satar, ba tsadar kaya ba. A Folan, CD Projekt ya kafa GOG a 2008, yana sayar da wasanni ba tare da kulle ba.

Kannywood ma ta bi da kanta ta wannan hanya. A 2020 shirin Izzar So na Lawan Ahmad ya karɓu a YouTube, Labarina na Aminu Saira kuma ya fara fita a tashar Arewa24. Mai kallo ya samu kyauta, furodusa ya koma dogaro da kuɗin talla. Sai dai wannan kuɗi na bin yawan masu kallo ta intanet, don haka duk wanda aka tura wa shirin a shago ya fita daga lissafi.

A nan ne aikin gwamnati ya shigo. A watan Maris na 2023 Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu kan Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda ta haramta fasa kullen da aka sa wa aiki, ta kuma ba mai haƙƙi damar neman a sauke kayansa daga intanet. Aiwatar da ita na wuyan Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Najeriya.

Amma samame a shagon mai turi ba zai sa sisi a aljihun kamfanin Maliyo Games na Legas ko furodusan Kano ba. Matashin Mubi zai biya ne ranar da data ta yi araha, farashi ya dace da aljihunsa, biyan kuma bai fi zuwa wurin mai turi wahala ba. Mai turin kansa, in aka yi masa rajista aka yanka masa kaso, dillali ne da ya riga ya san kowane lungu na garin.