Ƙullin Zamani da Tsufan Abubuwa a Ƙagaggun Labaran Kimiyya

Gabatarwa

Tun daga shekarar 1895, lokacin da marubucin Ingila H. G. Wells ya fitar da littafinsa The Time Machine, wanda jaruminsa ya hau wata na'ura ya dira a shekara ta 802,701, tafiya cikin zamani ta zama ɗaya daga cikin manyan jigogin ƙagaggun labaran kimiyya. Duk marubucin da ya ɗauki wannan jigo, tilas ne ya ƙago wa duniyar labarinsa dokokin da za ta gudana a kansu. Manufar wannan maƙala ita ce bayyana ƙulle-ƙulle biyu da irin wannan tafiya take haifarwa, da kuma nuna yadda tsufa da lalacewar abubuwa suke zama ma'aunin da ake gwada ingancin waɗannan dokoki.

Ƙulli iri biyu

Abin da ake nufi da ƙulli a nan shi ne tufka da warwara a cikin tsarin labari, watau inda sababi da sakamakonsa suka kasa zama lafiya da juna.

Na farko shi ne wanda ake kira ƙullin kaka. A littafin Le Voyageur imprudent na René Barjavel, mutumin Faransa, wanda ya fito a 1944, jarumin ya koma baya da niyyar kashe Napoleon, sai ya kashe wani soja wanda ashe kakan kakanninsa ne. To, idan kakan ya mutu bai haihu ba, babu jikan. Idan kuwa babu jikan, wa ya yi kisan? Kowace amsa tana rushe kanta.

Na biyu shi ne ƙullin rashin asali. A nan babu abin da yake rushe wani, sai dai akan sami abu yana zagaye cikin zamani alhali ba wanda ya ƙera shi. A fim ɗin Somewhere in Time na 1980, wata tsohuwa ta miƙa wa wani saurayi agogon aljihu a 1972. Bayan shekara 8 ya koma shekarar 1912, ya tarar da ita tana budurwa, ya bar mata agogon. Ita kuma ta adana shi shekara 60, sannan ta miƙa masa. Ta haka agogon ya rasa maƙeri, ya kuma rasa ranar ƙira.

Dokar tsufa

Wannan ƙulli na biyu ya fi kama da mai sauƙi, amma akwai wata doka ta kimiyya da take tare masa hanya. A 1865 masanin Jamus Rudolf Clausius ya raɗa kalmar entirofi, wadda a taƙaice ma'auni ce na watsewar tsari. Dokar ta nuna cewa a cikin duk wani abu da aka killace, ba a shigar masa da ƙarfi daga waje, watsewa ba ta raguwa. Shayi yakan huce, ƙarfe yakan yi tsatsa, tulun da ya fashe ba ya haɗa kansa. A kan wannan ne Arthur Eddington, a littafinsa na 1928, ya kamanta zamani da kibiya, domin fuska ɗaya yake dosa.

Idan aka ɗora agogon nan a kan wannan ma'auni, sai matsala ta fito fili. Daga hannun saurayin zuwa hannun tsohuwar ya yi shekara 68 yana aiki, haƙoransa suna cinyewa, murfinsa yana ƙoƙewa. Amma kuma agogon da ta miƙa a 1972 shi ne dai wanda ya karɓa a wannan rana, ba ƙari ba ragi. Ke nan ana bukatar agogo ya girmi kansa da shekara 68, abin da hankali ba zai ɗauka ba.

Hanyoyin warwara

Masana kimiyya ba su ɗauki wannan batu wasa ba, musamman bayan da Kurt Gödel ya nuna a 1949 cewa lissafin Einstein bai hana a sami hanyar da take zagayowa ta koma zamanin da ta faro ba. A 1992 Andrei Lossev da Igor Novikov, mutanen Rasha, suka wallafa nazari a kan abubuwa marasa asali, suka kuma ara musu suna daga Larabci: aljanu. Sun kasa su gida biyu. Aljani na farko shi ne abu mai jiki, kamar agogon, wanda ba zai iya rufe zagayensa ba sai ya sami ƙarfi daga waje da zai sabunta shi ya koma yadda ya faro. Aljani na biyu shi ne ilimi ko saƙo, wanda yake zagaye ba tare da jiki guda ya ɗauke shi ba.

Abin sha'awa shi ne, Robert Heinlein na Amurka ya riga su gano wannan bambanci a labarinsa By His Bootstraps na 1941. Jarumin ya tsinci wani ɗan littafin rubutu mai ɗauke da kalmomin harshen mutanen wani zamani mai nisa da fassararsu. Da littafin ya tsufa, sai ya kwafe shi a cikin sabo ya zubar da tsohon, daga bisani ya gane cewa sabon nan shi ne wanda ya tsinta tun farko. Da wannan dabara takarda ta sami asali, tawada ta sami asali, an kuma biya wa dokar tsufa hakkinta. Abin da ya rage ba shi da uba shi ne ƙamus ɗin kansa. Ya bambanta da karin magana, wadda aka manta wanda ya fara faɗarta, domin shi babu wanda ya tsara shi balle a manta da shi.

Kammalawa

Har yau ba a sami shaidar cewa ana iya komawa baya cikin zamani ba. Hasali ma, a 1992 Stephen Hawking ya gabatar da hasashen cewa dokokin halitta suna hana hakan. Saboda haka filin ya rage na masu ƙaga labari. Sai dai darasin da mai nazarin adabi zai ɗauka shi ne, marubuci yana da 'yancin ƙago dokarsa, amma da zarar ya kafa ta, ta hau kansa shi ma. Mai karatu zai yarda da na'urar da take tsallake ƙarnoni, amma zai tambayi inda tsatsar agogo ta tafi.