Saƙon "DLL" a Fuskar Kwamfuta: Ma'anarsa da Gyaransa

Tun shekarar 2015 hukumar JAMB ta mai da jarrabawar shiga jami'a ta zama ta kwamfuta gaba ɗaya, saboda haka kowace shekara ɗalibanmu na ajin ƙarshe sukan cika ɗakin kwamfuta suna koyon amsa tambayoyi. A zangon da ya wuce wani ɗalibi ya kawo mana manhajar gwaji a cikin filashi, wadda yayansa da ke karatu a jami'ar kimiyya da fasaha ta Aliero ya kwafa masa. Muka zuba ta a kwamfutocinmu. A wasu ta buɗe lafiya, a wasu kuwa sai wani ɗan akwati ya fito yana cewa ba a sami VCRUNTIME140.dll ba. Nan take aka fara ba da shawara: wani ya ce kwamfutar ta lalace, wani ya ce a kai ta kasuwar Jega a goge ta a sake zuba kome. Da mun bi shawara ta biyu, da sakamakon jarrabawar azuzuwa uku ya tafi, gama a cikin ɗaya daga kwamfutocin nan aka ajiye shi. Wannan ne ya sa muka ga ya dace mu bayyana al'amarin ga ɗalibai da malamai da 'yan'uwa na ikkilisiya, tun da yanzu har sakatarorin majami'u a Maiyama da kewaye da kwamfuta suke rubuta rajistar baftisma da ta aure.

Haruffan nan uku, DLL, taƙaitawa ce ta kalmomin Turanci Dynamic Link Library, watau ɗakin karatu da manhaja take zuwa aro a cikinsa sa'ad da take aiki. Sunan ya dace ƙwarai. A makarantarmu ba kowane ɗalibi ne yake da babban ƙamus nasa ba. Akwai guda a ɗakin karatu, wanda yake bukata ya je ya duba. Haka manhajoji suke yi. Akwai ayyukan da kusan dukansu suke bukata, kamar buɗe fayil, da zana harufa a allo, da aika takarda wurin firinta. Maimakon kowane mai rubuta manhaja ya sake rubuta waɗannan daga farko, sai aka rubuta su sau ɗaya aka ajiye a fayilolin da sunansu ya ƙare da .dll, kowa yana aro. Ribar ita ce manhajoji ba su cin wuri da yawa, kuma in an gano kuskure a cikin fayil ɗin, gyara guda ya ishi kowa. Ba Windows kaɗai ke da wannan tsari ba: a Linux da wayoyin Android irin waɗannan fayiloli suna ƙarewa da .so ne.

Amma duk wanda ya taɓa zuwa ɗakin karatu ya san abin da yakan faru. Wata rana ka tarar ƙamus ɗin ba ya kan kanta. Wata rana yana nan, amma an yage shafin da kake nema. Wata rana kuma wani ya sauya shi da tsohon bugu, malami ya ce a buɗe shafi kaza, ka buɗe ka ga wani abu dabam. Wannan na ƙarshe ya wahalar da mutane sosai a zamanin Windows 3.1 da Windows 95, lokacin da sabuwar manhaja takan danne fayil ɗin da wata take amfani da shi da nata bugun, har masu sana'ar suka yi wa matsalar laƙabi da jahannamar DLL. Daga Windows 2000 aka fara kare fayilolin tsarin daga irin wannan dannewa, kuma yanzu bugu dabam dabam suna iya zama tare.

Namu na rashin littafi ne a kan kanta. Abin da yayan ɗalibin ya yi shi ne ya kwafi jakar manhajar kawai daga kwamfutarsa. Manhaja kuwa ba a cikin jakarta kaɗai take zaune ba. A lokacin girka ta, takan ajiye wasu kaya a wasu wurare, waɗanda kwafi ba ya ɗauko su. Fayil ɗin VCRUNTIME140.dll, da ɗan'uwansa MSVCP140.dll, na cikin wani ƙunshi ne na kamfanin Microsoft mai suna Visual C++ Redistributable, lambar 140 kuma tana nuna na kayan aikin da suka fara fitowa a 2015 ne. Kwamfutocin da manhajar ta buɗe a kansu sun riga sun sami ƙunshin ta dalilin wata manhaja da aka girka a da. Muka sauke shi kyauta daga shafin Microsoft, muka girka, muka kashe kwamfutocin muka kunna, shi ke nan.

Akwai wani tarko a nan. Ƙunshin iri biyu ne, x86 domin manhajoji masu bit 32, da x64 domin masu bit 64, kuma abin lura shi ne irin manhajar, ko da kwamfutar mai bit 64 ce. Mu dai duka biyun muke girkawa. Abin dariya ma, a Windows mai bit 64 jakar da ake kira System32 ita ce gidan fayilolin bit 64, na bit 32 kuwa suna cikin SysWOW64. Wannan kaɗai ya isa ya hana mutum jefa fayil a can da hannunsa.

Yagaggen shafi kuwa, a ƙasarmu yawanci ɗaukewar wuta ce take jawo shi. In wuta ta tafi ko janareta ya mutu daidai lokacin da kwamfuta take rubuta fayil, musamman sa'ad da Windows take sabunta kanta, fayil ɗin yana iya tsayawa rabi. Faifan ajiya da ya tsufa ma yakan yi haka. In fayil ɗin na wata manhaja ne, a cire ta a sake girka ta daga ainihin tushenta. In na Windows ne kansa, akwai mai duba na cikin gida. A nemi Command Prompt, a buɗe shi da ikon mai kula, a rubuta sfc /scannow, a bar shi ya kai ɗari bisa ɗari. Zai gwada fayilolin tsarin da ajiyayyun kwafi, ya maye gurbin wanda ya lalace. In ya ce ya ga ɓarna amma ya kasa gyarawa, sai a haɗa da intanet a rubuta DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth, sa'an nan a maimaita na farkon. A sani fa, wannan mai duba bai san da fayilolin wasu manhajoji ba, don haka da ba zai warware tamu matsalar ba.

Wani lokaci ma fayil ɗin bai ɓata ba, manhajar kashe bairos ce ta kulle shi domin ta yi zarginsa. A duba ma'ajinta kafin a yi wani abu. In dai manhajar ta sata ce wadda aka fasa makullinta, muna ganin mai gadin ne ya fi gaskiya, a bar fayil ɗin a kulle.

Abin da muka fi gargaɗin ɗalibai a kai shi ne shafukan intanet masu raba fayilolin DLL ɗai ɗai. Da ka rubuta sunan fayil a wurin bincike su ne kan gaba. Fayil ɗin DLL umarni ne da kwamfuta za ta bi ba tare da tambaya ba, da dukan ikon manhajar da ta are shi, kuma ba ka san wanda ya taɓa shi ba. Mugun shirin nan Stuxnet da aka gano a 2010, wanda ya lalata injuna a tashar nukiliya ta Natanz a Iran, ɗaya daga dabarunsa ita ce sauya wani fayil ɗin DLL na gaske da na jabu mai suna iri ɗaya. Ko fayil ɗin da aka sauke ba shi da mugunta, yana iya zama bugun da bai dace ba, kuma sau da yawa da an cike gurbin guda sai saƙo ya fito yana neman na biyu, gama ƙunshi ne gaba ɗaya ya ɓata.

In saƙon ya fito, a rubuta sunan fayil ɗin a takarda harafi da harafi, da sunan manhajar da ake ƙoƙarin buɗewa, da abin da aka yi na ƙarshe kafin ya fito, a kawo wa malamin kwamfuta. In kuwa saƙonni sun yi yawa, yau wannan fayil gobe wancan, to mai yiwuwa faifan ne yake mutuwa, kuma nan ne aikin mai gyara ya zo. Kafin kwamfutar ta bar ofishin makaranta ko na majami'a, a kwashe rajista da sakamako da wasiƙu a filashi biyu, ɗaya wurin shugaban makaranta ko fasto, ɗaya wurin sakatare.