Amos Gitai: Mai Zanen Gini da Ya Sa Gida Ba da Shaida

A ranar 11 ga Oktoba, 1973, ranar da ya cika shekara 23 da haihuwa, Amos Gitai yana cikin jirgi mai saukar ungulu, suna kwaso sojojin Isra'ila da suka ji rauni a yaƙi a tuddan Golan, sai makami mai linzami na Siriya ya same su. Ya sha da ƙyar. A lokacin ɗalibin zanen gine-gine ne a Haifa, garin da aka haife shi a 1950. Ɗan gado ne, domin mahaifinsa, Munio Weinraub, mai zanen gini ne da ya yi karatu a makarantar Bauhaus ta Jamus. Bayan yaƙin Gitai ya ci gaba da karatun har digirin digirgir a Berkeley ta Amurka, amma kyamara ce ta zama abin aikinsa.

Idon magini bai bar shi ba. A 1980 ya yi fim mai suna Bayit, wato gida, a kan wani gida guda na dutse a yammacin Birnin Ƙudus. Asalinsa na wani likita ne Bafalasɗine, wanda iyalinsa suka bar shi a yaƙin 1948. Gwamnatin Isra'ila ta karɓe shi da dokar dukiyar waɗanda ba sa nan, ta ba wasu Yahudawa 'yan Aljeriya haya, daga baya wani farfesa ɗan Isra'ila ya saya yana faɗaɗa shi. Masu sassaƙa dutsen da leburorin aikin kuwa Falasɗinawa ne. Gitai bai yi wa kowa wa'azi ba. Ya bar tsohon mai gida da ɗan haya da sabon mai gida da lebura, kowa ya faɗi nasa. Gidan talabijin na gwamnati, wanda ya ba shi aikin, ya ƙi nuna fim ɗin.

Fim ɗinsa na 1982 a kan mamayar Yammacin Kogin Jodan da yaƙin Lebanon ya ƙara tayar da ƙura, har ya koma Faris da zama kusan shekara goma. Ya dawo Isra'ila a 1993, zamanin yarjejeniyar Oslo tsakanin Isra'ila da Falasɗinawa. A 1998 ya sake ɗaukar wancan gida na Birnin Ƙudus a fim, bayan wasu shekaru kuma ya yi fim na uku a kansa, yana bin sawun zuriyar waɗanda suka taɓa zama a ciki.

Abin da ya koya a ajin zane shi ya kai fim: kafin a yaba kyawun gini, a tambayi wa ya mallaki filin, wa ya ɗauki dutsen, wa aka fitar. Duk garin da ake rushe unguwa a ta da sabuwa, waɗannan tambayoyi uku sun shafe shi.