HOTON CIKI DA UWAR TAFIYA

Jama'a, kowa ya sani a ƙasarmu in mace ta haihu ba a gaggawar yin barka, sai an ji uwar tafiya ta faɗo. Sa'an nan ungozoma ta wanke ta, a haƙa rami a bayan ɗaki a binne. Uwar tafiya ita ce mabiyiya. Waɗansu kuma su kan ce da ita mahaifa. Amma cikin wannan darasi, in mun ce mahaifa muna nufin jakar da ɗa ya ke kwance a ciki. In mun ce mabiyiya muna nufin abin nan da ke biyo bayan ɗa.

Tsofaffinmu sun san mabiyiya tana kisa bayan haihuwa. Abin da ba su sani ba shi ne, tana kisa tun kafin haihuwa, kuma yanzu ana iya ganinta tun tana ciki. Wannan shi ne darasinmu na yau.

AIKIN MABIYIYA

Ɗan da ke ciki ba ya ci da baki, ba ya numfashi da hanci. Mabiyiya ce ke yi masa. Tsoka ce mai faɗi kamar ƙaramin faifai, nauyinta wajen rabin kilo in ciki ya isa haihuwa. Gefenta ɗaya yana manne da bangon mahaifa. A ɗaya gefen igiyar cibiya ta fito ta tafi wurin ɗa. Cikin igiyar akwai jijiya 3. Ɗaya tana kai masa abinci da iska daga jinin uwa, 2 suna kwaso datti su mayar.

Don haka jini mai yawa ke bi ta wurin. In ciki ya tsufa, jinin da ke ratsa mahaifa kowane minti ɗaya ya kai rabin lita, ko ya fi. Rabin lita shi ne cikin leda guda ta ruwan sha da a ke sayarwa a tasha. To, ku duba. In wurin nan ya ɓalle, minti nawa mace za ta yi kafin jininta ya ƙare?

YADDA NA'URA KE GANI

Wanda ya taɓa yin kira a gindin dutse, ko ya leƙa rijiya mai zurfi ya yi magana, ya ji muryarsa ta komo masa. Wannan shi ne amsa-kuwa. Da shi jemage ke tafiya cikin duhu ba ya karo da bango. Da shi kuma na'urar hoton ciki ke aiki, wadda mutane ke kira sikanin.

Ma'aikaci ya kan shafa wani abu mai sanyi da santsi a kan ciki, ya ɗora kan na'urar. Sai ta aika da sauti siriri wanda kunne ba ya ji. Sautin ya bugi ƙashi da tsoka ya komo, na'ura ta mai da shi hoto a kan gilashi. Ba yanka, ba allura, ba zafi. Ba irin hoton ƙashi ba ne da a ke yi wa wanda ya karye, kuma ba ya cutar da ɗa.

Wani likita mai suna Ian Donald, a birnin Gilasgo na ƙasar Sikotland, shi ya yi fice wajen soma wannan aiki. Ya ga maƙeran zamani suna duba tsaga cikin ƙarfe da sauti, ya ce bari ya gwada a jikin mutum. Shi da wani injiniya, Tom Brown, suka ƙera na'urar, suka ba da labarinta a 1958. A 1966 waɗansu likitoci a Amurka suka nuna ana iya gane mazaunin mabiyiya da ita. Kafin nan, sau da yawa ba a sanin inda ta ke sai jini ya ɓalle.

Mutanenmu da yawa, in sun je hoto, tambayarsu ɗaya ce: mace ce ko namiji? Wannan ita ce ƙaramar tambaya. Babbar tambaya ita ce: ina mabiyiya ta zauna?

MATSALA TA FARKO: TA TARE ƘOFA

Mahaifa kamar ɗaki ce mai ƙofa ɗaya, ƙofar tana ƙasa. Wurin zaman mabiyiya sama ne, ko gefe. Amma wani lokaci ta kan zauna ƙasa, ta rufe ƙofar. Cikin mata 200 da cikinsu ya isa haihuwa, a kan sami kamar 1 mai wannan. Ya fi samun wadda ta yi haihuwa da yawa, da wadda shekarunta suka ja, da mai 'yan biyu, da wadda aka taɓa yi wa aiki aka ciro ɗa.

Alamarta ita ce jini ja wur a watannin ƙarshe, ba ciwo ko kaɗan. Mace tana barci ta farka ta ga zanenta ya jiƙe. Jinin ya kan tsaya da kansa, mutane su ce ai ya wuce. Bai wuce ba. Na farko gargaɗi ne, na biyu ya fi shi yawa.

In mabiyiya ta rufe ƙofa, ɗa ba shi da hanyar fita. Rubutu ba zai kawar da ita ba, jiƙo ba zai kawar da ita ba, ƙarfin nishi kuwa sai ya ƙara yaga ta. Hanya ɗaya ce, a yi aiki a asibiti kafin naƙuda ta taso. Kuma ku riƙe wannan da kyau: mace mai ciki in tana zubar da jini, kada ungozoma ko wani ya sa mata hannu don ya ji ko ɗa ya sauko. Yatsa ɗaya ya isa ya ɓalle jinin da ba mai iya tsai da shi a gida.

Amma kada hankali ya tashi in an yi hoto a wata na 5 an ce tana ƙasa. Ku tuna da duma. In ka yi zane kusa da wuyansa yana ƙarami, in ya girma sai ka ga zanen ya yi nisa da wuyan. Haka mahaifa ke girma ta ja mabiyiya sama. Cikin 10 da aka gani a ƙasa a wata na 5, wajen 9 su kan hau. Shi ya sa a ke cewa a komo a mako na 32 a sake dubawa. In har yanzu tana rufe da ƙofa, ko tsakaninta da ƙofar bai kai santimita 2 ba, watau faɗin babban yatsa, sai a sake dubawa wajen mako na 36, likita ya yanke shawarar yadda za a haihu. Wani lokaci a kan duba ta ƙasa don a gani sosai. Ba ya cutarwa in gwani ne ya yi, kuma mace tana iya roƙon mace 'yar'uwarta ta duba ta.

MATSALA TA BIYU: TA ƁAMƁARE

Kun ga yadda yaɓe ke ɓamɓarewa daga bango da damina. Haka mabiyiya ta kan rabu da bangon mahaifa tun ɗa bai fito ba. Yana samun kamar ciki 1 cikin 100. Babban abin da ke kawo shi hawan jini ne, sai faɗuwa, ko duka a ciki, ko hatsarin babur.

Alamar wannan dabam ta ke da ta farko. Ciwo ne mai tsanani farat ɗaya. Ciki ya yi tauri kamar katako, ba ya saki. Jinin baƙi-baƙi ne, wani lokaci ma ba ya fitowa, yana taruwa a ciki. Ɗa ya rage motsi ko ya daina.

A nan dole in gaya muku gaskiya. Na'ura ba ta cika ganin wannan ba, kuma ba ta faɗinsa tun kafin ya zo. Kada wani ya ce, ai mun yi hoto makon jiya an ce lafiya lau. Abin da ke tsare mace daga wannan shi ne awon jini a kai a kai. In tana ciwon kai mai tsanani, ko ganinta ya dushe, ko fuska da hannu sun kumbura, a kai ta a ranar. Hawan jinin nan shi ne kuma ke kawo jijjiga.

MATSALA TA UKU: TA KAFE

Itacen da ya tsiro a jikin katanga, in saiwarsa ta shige, ba ka cire shi sai da katangar. Wata mabiyiya haka ta ke shigewa cikin naman mahaifa. Ta fi yin haka a kan tabon aikin da aka yi a haihuwar baya, balle in ta zauna ƙasa. In an ja ta da ƙarfi, jini ya ɓalle. In na'ura ta nuna alamarta tun da wuri, sai a tura mace babban asibiti, irin Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Katsina, ko Asibitin Turai 'Yar'aduwa na mata da yara, a tanadi jini da likitoci kafin ranar. Saboda haka duk wadda aka taɓa yi wa aiki, ta faɗa tun ranar da ta fara awo, kada kuma ta yarda ta haihu a gida.

Ko ba wannan ba, in an haihu aka yi rabin sa'a mabiyiya ba ta faɗo ba, a nufi asibiti. Kada a ja cibiya. Kada a ɓata lokaci da hura kwalba, ko tura muciya a baki, ko turaren barkono.

MATSALA TA HUƊU: TA GAZA

Wata mabiyiya tana wurinta daidai, amma ba ta ciyar da ɗa sosai. Zazzaɓin cizon sauro yana jawo haka, don ƙwayoyinsa su kan taru a cikinta. Hawan jini ma yana jawowa. Na'ura ta kan auna kan ɗa da cikinsa da ƙashin cinyarsa, ta ga ko girmansa ya yi daidai da watanninsa. Ta kan ga ko ruwan da ya ke ciki ya ragu. Wata ma ta kan auna gudun jini cikin igiyar cibiya. Rigakafinsa mai sauƙi ne: kwana cikin gidan sauro, da shan maganin zazzaɓi da a ke bayarwa wurin awo daga wata na 4, wata-wata, aƙalla sau 3, da ƙwayoyin ƙarin jini.

ABIN DA AKA GANI A ƘASARMU

Daga 1976 zuwa 1979 wani likita, Farfesa Kelsey Harrison, ya bi lissafin haihuwa 22,774 a asibitin Zariya. Ya tarar matan da ba su yi awo ba, sai da abu ya ɓaci aka kawo su, sun fi mutuwa nesa ba kusa ba. Ya kuma tarar matan da suka yi karatu sun fi tsira. Ku da ke zaune a ajin nan, ku lura da wannan.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta a shekarar 2020 mata wajen 82,000 suka mutu a Nijeriya saboda ciki da haihuwa, fiye da kashi ɗaya cikin huɗu na duniya duka. Zubar jini yana kan gaba cikin dalilai. A 2016 hukumar ta ba da shawara kowace mai ciki ta ga ma'aikacin lafiya sau 8, ta kuma yi hoto sau ɗaya kafin mako na 24, watau kafin wata 6 ya cika. A 2023 kuma aka ba da sakamakon wani bincike da aka yi a ƙasashe 4 na Afirka, wanda Farfesa Hadiza Galadanci ta Jami'ar Bayero ta Kano ta shugabanci ɓangaren Nijeriya. Sun shimfiɗa wata leda mai ma'auni a ƙarƙashin mai haihuwa don a san yawan jinin da ya zuba, a ba da magunguna gaba ɗaya nan take. Mummunar zubar jini ta ragu da kashi 60 cikin 100. Wannan taimako a asibiti ya ke, ba ya zuwa ɗaki.

AIKIN MAIGIDA

Daga Kutawa, ko wani ƙauye na ƙasar Kurfi da Dutsin-Ma, kafin a sami mota a kai babban asibiti an ɗauki lokaci, tafiyar dare kuwa kun san yadda ta ke. Amfanin hoto ke nan: ya gaya maka tun da rana abin da zai same ka da dare. Tun ran gini ran zane. Ga abin da ya kamata:

1. Ka bar iyalinka ta fara awo tun ciki yana wata 3. Ku tambayi malamar awo inda a ke hoto kusa da ku.

2. Takardar hoto da Turanci a ke rubuta ta. Kada ku fito sai an gaya muku da Hausa: ina mabiyiya ta ke, yaya girman ɗa, yaushe za a komo. Ku ajiye takardar cikin leda tare da katin awo.

3. In an ce ta tare ƙofa, mace ta bar daka da ɗaukar ruwa, maigida kuma ya ƙaurace mata. In da hali, ta koma gidan dangi kusa da asibiti a watan ƙarshe.

4. Ka ware kuɗin mota tun da kaka. Ka shirya da direba. Ka nemi 'yan'uwa 2 ko 3 da za su ba da jini.

5. Ka ba da izini tun yau, a gaban mahaifiyarka da maƙwabcinka, cewa in jini ya zo a tafi da ita ko ba ka nan. Mata da yawa sun mutu suna jiran miji ya komo daga kasuwa.

6. Yarinya mai cikin fari kunya ta kan hana ta faɗi. In ta tafi goyon ciki, takardarta ta bi ta, a kuma gaya wa uwarta abin da aka gani.

Rai na Allah ne, amma shi ya ba mu hankali da magani. Jini a ciki, ko kaɗan ne, ba ya kwana a gida. Allah ya sauki matanmu lafiya, amin.

TAMBAYOYI

1. Mene ne aikin mabiyiya?
2. Mene ne bambancin jinin wadda ta tare ƙofa da na wadda ta ɓamɓare?
3. Don me ba a sa wa mai zubar jini hannu?
4. A wane mako a ke komawa in an ce tana ƙasa?
5. Rubuta sunayen mutum 3 da za ka kira in abu ya taso da dare.